An Ba Baba Albarka Disamba

"Disamba," in ji Hedimasta Atiku, ya buga alli a ƙasan allo, inda watan ƙarshe yake zaune shi kaɗai. "A sa shi Disamba, mu wuce wurin."

Na miƙe daga bencin 'yan aji huɗu har gwiwata ta bugi tebur. "Ranka ya daɗe, mutumen ga ba ya kai Disamba. Ƙahwahunai sun kumbura, ko masallaci ba ya iya zuwa. Ni ka maƙwabtaka da shi, ni ka jin tarinai ta katanga."

"Kai ka raba kwana, Malam Usman?"

Aka yi 'yar dariya. Na koma na zauna.

Asabar ɗin ƙarshe ce ta shekarar 1992, ranar da ƙungiyarmu ta masu karatun labaran al'ajabi take raba wa watanni sha biyu jigoginsu. Mu takwas ne a garin Gwandu, kuma arzikinmu duka akwati ɗaya ne na littattafan Turanci da wani Ba'indiye malamin kimiyya ya bari da zai koma ƙasarsu. Duk Asabar bayan la'asar mukan taru a ajin nan, Hedimasta ya karanta yana juyawa da Hausa, mu kuma mu yi ta musu har a kira magariba. A ranar an riga an cika allo. Janairu tafiya duniyar wata, Fabrairu mutanen ƙarfe masu magana, Maris zobban tsafi da sarakunan aljannu, Afrilu komawa zamanin da ya wuce, haka dai har Nuwamba. Ni ne magatakarda, ni ke kwafe su a littafi.

Na takwas ɗinmu shi ne ba ya nan, Baba Albarka mai gyaran rediyo. Bai taɓa taka ajin boko ba sai da ya tsufa ya zo ya zauna a benci tare da mu. Shi ke riga kowa zuwa, shi ke share ajin, shi ya gyara marfin akwatin da gara ta fara ci. Abu ɗaya ya taɓa roƙo, a ba shi wata guda a karanta labarin da ya rubuta da hannunsa, da ajami, shekara goma sha ɗaya yana kansa. Sau huɗu ana raba watanni, sau huɗu ana ce masa baɗi.

Lukuman malamin gona ya ce, "A ba shi Janairu mana. Duniyar wata ba gudu za ta yi ba."

Hedimasta ya cire tabarau ya goge da bakin riga. "Na riga na shirya Janairu, babi shida na hwassara. Kuma mu hwaɗi gaskiya, wagga ƙungiya ta littattahai ta, waɗanda anka buga. Mutum bai san mi ad duniyar Mas ba, ya ɗauko tawada da alƙalamin kara ya ce ya rubuta kimiyya? Disamba ma alfarma ta."

Aka ce a ɗaga hannu. Janairu, hannu uku. Disamba, hannu uku har da na Hedimasta. Duk su shidan suka juyo da ido kaina, ni da na fara tayar da maganar. A makon nan kuwa takardar sauyin wurin aiki tana kan teburin Hedimasta, ana neman malami ɗaya da za a tura can ƙauyen Dalijan, kuma shi zai rubuta sunan. Ya dube ni ta saman tabarau.

Na ce, "Ni magatakarda na, ba ni ƙuri'a."

"To shugaba ya raba gardama," in ji shi. Ya rubuta *Albarka* a gaban Disamba, ya kaɗe alli daga hannunsa.

Shekaru sun wuce, amma duk lokacin da na tuna wannan kalma tawa sai na ji kamar in mari kaina. Ba wata doka da ta hana magatakarda ƙuri'a. A nan take na ƙirƙiro ta.

Washegari da hantsi na leƙa zauren Baba Albarka. Yana jingine da bango a kan tabarma, ƙafafunsa a miƙe sun yi sulɓi don kumburi, rediyoyin mutane jere a kan kanta, wasu ba marfi. Wata ƙarama tana kan cinyarsa, yana juya sukurdireba a hankali.

"Manu, an raba?" in ji shi, don haka yake kirana.

"An raba, Baba. An ba ka Disamba."

Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Da ya lafa ya ce, "Shekara huɗu ana ce min baɗi, yau an ce Disamba. Ashe ana ci gaba."

Na ce masa ya ba ni takardun in karanta masa nan, yanzu, ni da shi, ko in kira Lukuman mu zama uku. Ya ɗaga kai ya dubi gafakar fata da ke rataye a ƙusa saman ƙofa, ya girgiza kai.

"Ba wasiyya na rubuta ba da za a karanta min ita bisa tabarmar jinya. Inda anka karanta na Turawa, nan za a karanta nau. Bisa bencin nan, Hedimasta na zaune yana saurare. Ya yi musu in ya ga dama, ni musun nika so."

"To ko kaɗan ka ɗanɗana min."

Ya ajiye sukurdireban. Sannan ya ce wata shekara ce mai zuwa, ruwa ya ƙafe daga Gwandu har Kambaza, sai maƙeran gari suka haɗu da masunta suka ƙera jirgi na ƙarfe, suka ɗora shanu da irin albasa, suka nufi wata tauraruwa da makiyaya ke bi da damina. A hanya rigima ta tashi, domin ba wanda ya san inda gabas take balle a yi salla.

"Sai anka yi yaya?"

"Sai Disamba," ya ce, yana murmushin mugunta. Ya mayar da kai kan rediyo, sannan ya tambaya kamar ba komai, "Kai wane wata ka ɗaga ma hannu?"

Na ce ai rubutu nake yi a lokacin. Ya dube ni sau ɗaya, irin kallon da yake yi wa batirin da ya san ya mutu, ya ci gaba da ɗaure ƙusarsa. Bai sake tayar da maganar ba.

Janairu muka je duniyar wata muka dawo. Fabrairu muka sha musu a kan ko mutumin ƙarfe yana da rai. Ajin ya cika da bawon gyaɗa don ba mai sharewa, kuma ba wanda ya ce a je a gaida mai sharar sai Lukuman. Ni kuwa kullum ina cewa zan sake tayar da maganar, kullum ina jiran ranar da fuskar Hedimasta za ta yi daɗi. Wani aka tura Dalijan, ba ni ba. Na samu abin da na saya.

Ranar wata Laraba cikin Maris, azumi ya kai goma sha shida, ina ɗaura wa kekena littattafan yara sai na ji salatin Inna Kulu, matarsa, ta katanga. Na yar da keken na shiga. Yana kwance a ɗaki ta gefen dama, an lulluɓa masa zane, bakinsa a ɗan buɗe kamar zai yi magana. Inna Kulu ta ce tun asuba yake tambaya ko yau wace rana, ta ce Laraba, ya ce a'a, wane wata. Da ta faɗa masa sai ya ce, "Da saura," ya juya ga bango. Kafin azahar mun kai shi.

A zaman makoki, rana ta biyu, Hedimasta ya zo da babbar riga mai aiki. Bayan an shafa fatiha ya gyara murya yadda kowa zai ji.

"Marigayi ginshiƙi na a ƙungiyarmu. Don girmama shi na yanke shawara, Afrilu nashi na. Za mu ɗage komawa zamanin da ya wuce, mu karanta aikinai."

Mutane suka yi ta "Allah ya saka." Ni kuwa na ji jini ya hau mini kai. Ashe allon nan ana iya goge shi! Ashe hannu ɗaya da tsumma ya isa! Wata uku mutum yana kwance taku ɗari biyu daga ajin, ba a iya matsar da wata ɗaya ba sai da aka ga ƙasa ta rufe shi. Na matsa kusa da shi na ce a hankali, "Ranka ya daɗe, yanzu ajamin ya zama littahi?"

"Malam Usman, nan wurin makoki na."

"Shi ya sa na yi ƙasa da murya."

Na tashi na bar tabarmar. Amma ko a lokacin na san rabin fushin nan ba nasa ba ne.

Kunya ta hana ni tambayar gafakar a cikin kwanakin makoki, kada a ce mutum bai huce ba maƙwabci yana ƙyalla ido a kayansa. Sai da aka yi addu'ar bakwai na yi sallama a ƙofar Inna Kulu. Ƙusar saman ƙofar zaure ba komai a kanta.

"Inna, takardun Baba fa? Na cikin gahwaka."

Ta amsa daga bayan labule, muryarta a dushe. "Takardun malanta? Yaya Jibrin ya tahi da su Kalgo tun ran ukku. Ya ce ba a barin irinsu hannun mata, shi ka sanin yadda za a yi da su."

Ban koma gida ba. Na tsaya bakin hanya na hau motar Birnin Kebbi, daga can na sake wata zuwa Kalgo, rana tana dukan rufin mota, bakina a bushe da azumi. Duk hanya ina shirya abin da zan faɗa, ina kuma kwantar wa kaina da hankali cewa takarda ba ƙafa gare ta ba.

Baba Jibrin, yayan marigayi, masunci ne, dattijo mai farin gemu da tattausar murya. Na same shi a ƙofar gida yana ɗinkin taru. Ya shimfiɗa mini buzu, muka yi gaisuwa muka sake yi wa juna ta'aziyya, sannan na faɗi abin da ya kawo ni.

Fuskarsa ta washe. "Allah shi yi ma albarka, ɗana, da ka damu da su. Kwantar da hankalinka, na sallame su yadda ya kamata. Jiya da la'asar."

"Ka sallame su?"

"Awo. Na buɗe na ga Bisimilla bisa kai, na san ba abin wasa ba na. Gidan ga awaki, ga ɓeraye, ga ɗiya suna ta ɗauke-ɗauke. In sunan Allah ya hwaɗi ƙasa anka taka, wa za a tambaya? Ni. Sai da na yi alwala, na naɗe su cikin hwarin ƙyalle da dutse, na shiga jirgi har tsakiyar gurbi inda ruwa ba ya ƙahewa, na sake su da addu'a."

Na ce, "Baba, ba ka kai ma liman ya duba ba? Ba wanda ya karanta?"

"Subhanallahi! Asirin mutum? Sama da shekara goma ina ganin Albarka na ɓoyon takardun ga, ko matatai bai bari ta taɓa ba. Laƙani na, ɗana. In ya hwaɗa hannun banza, shi za a tasa a kabari."

Na buɗe baki in yi ihu. In ce masa labari ne, labarin jirgi da shanu da irin albasa, ba laƙanin kowa ba. In ce masa ƙaninsa bai ɓoye shi don asiri ba, ya ɓoye shi ne don yana jiran mu, mu masu boko, mu ba shi wata ɗaya a cikin sha biyu. Amma dattijon yana kallona da idon wanda ya sauke amana, yana jiran in ce ya kyauta. Duk cikinmu shi kaɗai ya ɗauki rubutun Albarka da daraja, har ya yi masa alwala.

Na ce, "Nuna min wurin."

Muka gangara gulbi. Ruwa ya ja baya, sai laka mai tsagewa da jirage a kife. Ya nuna mini tsakiyar gurbin da haɓa, ruwan kore, shiru, ba ko kumfa. Can gefe, cikin ciyawar bakin ruwa, na hango wani abu fari-fari. Ƙila ƙullin ne ya kwance. Na tuɓe takalma na naɗe wando na shiga, laka tana kama ni har gwiwa.

Ganyen takarda uku ne, sun manne da juna. Na ɗago su a tafin hannu, na ɓamɓare na sama a hankali don kada ya yage. Tawadar gawayi da ƙaro ce, irin wadda ake wanke allo da ita. Ba ko wasali ɗaya da ya rage, sai wani dishi-dishin toka a inda layuka suka taɓa zama.

"Ka samu wani abu?" Baba Jibrin ya kira daga tudu.

Na fito na shimfiɗa su ɗaya bayan ɗaya a bayan wani jirgi da ke kife, na ɗora wa kowanne tsakuwa. Muka zauna ni da shi a kan laka busasshiya, muna kallon rana tana shanya farar takarda.