Kada Ki Ce Sai Gobe

Kellu tana tsakiyar share ɗakin Iya Indo ta lura yashin da tsintsiya ke tarawa ba irin na nan garin Gure ba ne. Fari ne sol, mai laushi kamar gari, kuma daga ƙarƙashin gadon yake fitowa, alhali daɓen siminti ne, ba ko tsaga. Jiya ma ta kwashe shi.

"Bar shi, ɗiyata," in ji tsohuwar daga kan gado. "Na garinmu ne."

Iya Indo ita ce ragowar Tulmawa, mutanen wani ƙauye da ke arewa da Kelle, wanda tudun yashi ya binne tun kafin a haifi Kellu. Ba ta da ɗa, ba ta da dangi. Katanga ɗaya ce ta raba gidajensu, kuma tun ranar da aka kawo Kellu amarya daga Gamu, tsohuwar ta tsaya mata tsayuwar uwa. Yanzu ciwo ya cinye ta har ƙashi. Lokotoro ya duba ta a asibiti, ya ce a mayar da ita gida, ya kuma yi mamakin yadda numfashi bai bar wannan jiki ba. Ko ruwa ba ya wuce mata, ga azaba dare da rana.

Kellu ta jingine tsintsiya, ta gyara mata matashi. "To Iya, Allah Ya ƙara sauƙi. Sai go..."

Hannun tsohuwar ya cafke nata da ƙarfin da bai kamata a ce tana da shi ba.

"Ke ce kike riƙe ni."

"Ni, Iya?"

"Kullum sai kin ce sai gobe, ni kuma in amsa. A wurinmu wannan alkawari ne. Batulme ba ya tafiya da alkawari a wuyansa. Na gaji, Kellu. Mutanena sun iso, suna tsaye sun ƙagara."

Kellu ta dubi ɗakin. Ba kowa sai randa da buta, amma sai ta ji wurin ya yi mata ƙunci, kamar ɗakin suna da mata suka cika.

"Subhanallahi, Iya! Ajali ai na Allah ne. Bakina bai isa ya jinkirta shi ba."

"Wa ya ce ba nasa ba ne? Malama, kin fi ni salla ne?" Tsohuwar ta yi wata 'yar dariya da ta koma tari. "Shi ne Ya sa in jira ki. Ki sake ni."

Ta faɗa mata yadda ake yi. Wanda ya fi kusa da mai tafiya shi ke zuba masa yashin garinsu a tafin hannu, ya buɗe masa yatsu har ya zube duka, sannan ya fita. Ba sallama, ba waiwaye.

Ba sallama. Nan ne abin ya yi wa Kellu wuya. Mahaifiyarta ta rasu tana nesa, ba su yi bankwana ba, kuma har yau abin bai bar ta ba. Yanzu ga uwa ta biyu tana roƙon ta fita kamar wadda aka yi faɗa da ita.

"Ba zan iya ba, Iya."

"To ki dawo gobe ki tarar da ni haka. Jibi ma haka."

Kellu ta dubi leɓɓan da suka tsattsage, da yatsun da ke murɗa zanen gado duk lokacin da ciwon ya taso. Can ta durƙusa, ta yi bisimilla, ta laƙƙana mata kalmar shahada. Iya ta maimaita sarai. Sannan Kellu ta ɗebo yashin. Da ɗumi yake, kamar yanzu aka kwaso shi daga rana. Ta zuba a tafin tsohuwar, ta shiga buɗe yatsun ɗaya bayan ɗaya. Na ƙarshen ya yi gardama, sai da ta sa hannu biyu.

Ta miƙe. Kalmar nan ta "sai gobe" ta zo mata har bakin leɓe, don sabo, sai ta danne bakinta da gefen mayafi ta fita.

A bayanta ta ji muryar Iya, wasai kamar ta budurwa, tana gaisawa cikin wani harshe da ba Hausa ba, ba Barbarci ba. Tana kiran sunaye, tana ɗan dakatawa bayan kowanne, irin dakatawar mai sauraron amsa.

Kellu ta tsaya a tsakar gida, fuskarta ga katanga. Ranar la'asar ta shimfiɗa inuwar ƙofar ɗakin a gabanta. Ba iska ko kaɗan. Ta ga inuwar labulen ta ɗaga, ta tsaya a sama tsawon lokaci, kamar an riƙe wa jama'a masu yawa su wuce, sannan ta sauko a hankali.