Tushen Biyu Sau Tushen Takwas

Tun da ɓarin jikin Baba ya shanye, aka koma yin maganarsa a gabansa kamar ba ya wurin. Yaya ne kan gaba. Zai tsaya a bakin gado yana gaya wa masu dubiya cewa ai tsoho ya daina gane komai, sai dai addu'a. Abin yana ci mini rai wallahi. Mutumin da ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana koyar da lissafi, yau an mai da shi kamar kujerar ɗaki. To amma ni ma na fara shakka, don in na kira shi ido kawai yake zuba mini.

Wata rana da la'asar ina yanke masa farce, sai 'yata Auta ta shigo da aikin makaranta ta baje a ƙasa. An ba su lambobi masu alamar tushe, su ware waɗanda suke rubutuwa wannan bisa wancan, kamar uku bisa huɗu, daga waɗanda ba sa rubutuwa haka. Su na biyun Auta ke kira masu jela, don bayan ɗigo ba sa ƙarewa, ba sa kuma maimaita kansu. Ta ce √9 uku ne, ba gardama. √2 mai jela ne. Da ta zo kan √2 × √8 sai ta tsaya tana cizon biro, ta tambaye ni.

Ni da lissafi kuwa ba ma ga maciji. Amma don kada 'ya ta raina ni, na ce mata ai mai jela sau mai jela, jela ce za ta ƙara tsawo. Ta sunkuya za ta rubuta.

Baba ya fizge hannunsa mai lafiya ya bugi katifa. Na zaci na yanke shi ne. Ya sake bugawa, bakinsa yana rawa. Yaya ya leƙo yana cewa a juya shi, kwanciyar ce ta gajiyar da shi. Na ce don Allah ya yi mana shiru.

Baba ya nuna wa Auta yatsu biyu. Ya sake buɗe biyar, ya ƙara uku. Yarinyar ta riga ni ganewa: biyu sau takwas, sha shida ke nan a ƙarƙashin alamar tushe ɗaya. Sai ta ɗaga kai tana neman sauran.

“Huɗu,” in ji Baba.

A karkace kalmar ta fito, amma ta fito. Kuka ya ƙwace mini, na daɗi da na kunya a haɗe.

Yaya ya ƙaraso ya durƙusa a gefen gadon. Muryarsa can ƙasa ya ce, “Baba, ashe duk abin da nake faɗa kana ji?”

Baba ya dube shi, ya gyaɗa kai a hankali.