Sai Na Ce Ya Yi

"Bai yi ba," na ce. "Ka rubuta wai babbar mota ce ta taka ni. Babba kawai? Tirela ce, cike da siminti. Gyara."

Ɗan jarida ya sauke takardar a ƙirjinsa, ya yi dariyar da ta koma tari. 'Yarsa ta tallafo kansa ta ba shi ruwa, tana hararata.

"Baba, jiya fa ka ce ƙarfe ta ɗauko."

"Jiya daban, yau daban."

Ga wanda bai san ni ba, ni ne mai gyaran takalmi na bakin layinmu. Ƙafafuna biyu sun tafi tun ina saurayi, amma rabin unguwar nan da aikin hannuna suke takawa. Ban taɓa zama a aji ba, kuma ban ga abin da masu aji suka fi ni ba. Likitan da ya ce ba zan kwana ba, ni na je yi wa iyalinsa gaisuwa.

Shi kuwa ɗan jarida, katanga ce ta raba mu. Duk rayuwarsa labarin irinmu yake rubutawa, makafi da kurame da guragu. Shi ya hana hukuma sakat da rubutu har aka fasa matakalar asibitinmu aka yi gangare. Ba ya yi wa mutum tambaya a tsaye. Wata 'yar kujera yake ɗaurewa a bayan babur, ya dire ta ya zauna ido cikin ido, shi ya sa nake ce masa Mai Kujera. Kuma ba ya kai labari gidan jarida sai ya karanta wa mai shi, mai shi ya ce ya yi. Ya sha faɗa a ofis a kan haka. Yakan ce, "Rigar mutum ce, shi ya san inda ta matse shi."

Ni na daɗe ina ƙi, na ce takardarsu ta yi mini kaɗan. Sai da ciwo ya kwantar da shi na yarda. A kwance ya rubuta. Ya ce wannan ne na ƙarshe, kuma ba zai tafi ya bar aiki a rataye ba.

Na ji maganar nan da kyau. In ba zai tafi ba sai na ce ya yi, ai igiyar tana hannuna.

Kullum da safe sai in tuƙo kekena, in sauka a ƙofar ɗakinsa, in ja jiki zuwa bakin gado, ga warin magani, ga tsoffin jaridu jibge har taga. Ya karanta, in samo aibu. Yau launin motar, gobe sunan maigidan da ya koya mini ɗinki. Likitoci sun ɗiba masa ɗan lokaci, ni na riƙe shi ya zarce lissafinsu. Ku tambayi kowa.

Ranar tirelar nan, da tarin ya lafa, sai ya yafito ni. Na kai kunne.

"Sarkin tafiya," ya ce, haka yake tsokanata. "Sauraron mutane ne sana'ata. Na san mai gyara, na san mai jan lokaci."

"Ni? Ni da aiki ke jirana?"

"Na gaji. Alƙalamin ma ya yi mini nauyi. Dubi yarinyar nan, ka ga idonta."

Na duba. Matar aure ce da 'ya'yanta, ta baro gidanta tana jinya, idanun sun faɗa. Na dubi hannunsa, duk jijiya. Ni da tirela ba ta sa na yi kuka ba, sai ga ni ina share ido.

"A karanta daga farko," na ce.

Ita ta karanta, shi yana bi da leɓe. Akwai yadda nake gane mai ciwon baya daga cin dunduniyar takalminsa. Akwai marigayiya matata da faɗanmu a kan kifin gwangwani. Har cika bakina ya sa, bai rage ba. Babu inda ya ce a tausaya mini. Motar ma bai tsaya a kanta ba, layi ɗaya ya ba ta.

Ta gama, ta mayar masa da takardar.

"Ya yi, Mai Kujera."

"Har da tirelar?"

"Bar ta a babbar mota. Ban tsaya na leƙa kayanta ba."

Ya yi murmushi, ya miƙa wa 'yarsa takardar. Washegari da hantsi ya cika, kafin jaridar ta fito.

Bayan an watse daga zaman makoki ta kawo mini kujerar, ta ce shi ya ce. Tana nan gefen akwatin aikina, ƙafa ɗaya ɗaure da waya. Da, masu kawo gyara a tsaye suke miƙo mini takalmi daga sama. Yanzu sukan ga kujera su zauna.