Tsagar Ɗan Yelwa

Labbo wanzami ya gama aske kan jaririn, ya goge askar a cinyarsa, sannan ya laluba zabira ya zaro 'yar tsaga. Hantsi ya ɗaga a Bungudu, sashen bayi na gidan Madugu Buba ya cika da ƙaurin akuyar da aka yanka. Akuya ce, ba rago ba, domin sunan ɗan baiwa ake yi.

Uwar jaririn, Yelwa, tana zaune kan turmi da aka kifa, ta ƙura wa hannun Labbo ido. Mijinta Jatau, bawan gona ne, ya rasu da damina, kuma har ya mutu ba wanda ya san garin da aka kamo shi. Saboda haka babu tsagar uba da za a bi.

Madugu da kansa ya leƙo, abin da bai saba ba. Mutum ne da fataucin goro ya yi wa ƙiba, ga shi da son a ga ya iya magana. Ya ce, "Labbo, ka san ta gidanga. Ukku gajeru bakin baki, dama da hagu, kamar ta uwatai."

Labbo ya ce, "Madugu, ai Nasara sun ce duk wanda anka haihwa bayan zuwansu ɗa na, ba bawa ba."

Madugu ya yi dariya har tumbinsa na rawa. "Nasara baƙi na, gobe su tahi da takardunsu. Tsaga hwa? Ko Gusau yat tsere, ko Tsahe, huskatai za ta maido min shi. Yi aikinka."

Gaskiya ya faɗa, kuma ba wanda ya fi Labbo sani. Shekara arba'in yana karanta fuskokin mutane kamar yadda malami ke karanta allo. Daga nesa zai ce maka wannan Bazamfare ne, wancan Bagobiri, wancan kuwa kakarsa Bakatsina ce. A wajensa fuskar da ba tsaga fuskar da ba dangi ce, wadda in mai ita ya faɗi a hanya ba a san gidan da za a kai gawa ba. Kuma gidan Madugu ne ke ciyar da shi: askin gidan, ƙahon gidan, kaciyar gidan, duk nasa ne tun zamanin uban Buba.

Ya ɗora kan jaririn a gwiwarsa. Ɗan ɗumi ya ratsa masa wando. Sai ya ɗaga kai, idonsa ya sauka a fuskar Yelwa.

Ukku-ukkun da ke bakinta aikinsa ne. Shekara ashirin da suka wuce aka kawo ta daga kudu cikin ayari, tana 'yar shekara bakwai, ba ta jin Hausa ko ta neman ruwa. Mata biyu suka danne ta, shi ya tsaga. Ranar ya lura da wani abu a gefen idonta na hagu, kusa da kunne: 'yan ɗigo biyar a jere, da layi ɗaya siriri a ƙarƙashinsu. Aiki ne mai tsabta, na hannun da ya san abin da yake yi. Har ya tsaya yana yaba wa wanzamin da bai taɓa gani ba. Wato a can ma akwai wani tsoho mai zabira, akwai ranar suna, akwai uwa da ta kau da kai don kada ta ga jini. Ya san haka tun ranar, amma ya ci gaba da tsagarsa, ya karɓi goronsa ya tafi gida. Abin ya zauna masa a ƙirji shekara ashirin, kuma kunyarsa ba ta taɓa raguwa ba.

Yanzu ɗigon sun dushe, kallabi ya rufe rabinsu. Ita kanta Yelwa ba ta da madubi.

Labbo ya yi bisimilla. Ya juya kan jaririn, ya matse fatar gefen ido da yatsu biyu. Sau biyar ya taɓa, sannan ya ja layi ɗaya. Jaririn ya tsala ihu. Ya shafa baƙin tukunya a wurin, ya danna da auduga, ya miƙa wa uwar ɗanta.

Madugu ya matso, ya sunkuya, ya duba bakin yaron. Babu komai. Ya duba gefen ido.

"Wanga mi na?"

"Tsaga ta."

"Ta wane gida?"

"Ta mutanensa."

"Waɗanne mutane? Yana da mutane?"

Labbo yana wanke 'yar tsagar a ƙoƙo, bai ko ɗaga kai ba. "Ban san sunansu ba, Madugu. Amma na ga aikinsu. Mutane na."

Madugu ya kumbura. Ya ce a sake, a ƙara ta gidan a kai. Labbo ya ce shi ba ya tsaga biyu a fuska ɗaya, ya yi sau guda a rayuwarsa, ta ishe shi. Ya ƙara da cewa duk wanzamin da ya ga sabon aikin wani ba zai ɗora aska a kai ba, daga nan har Gusau, in kuma Madugu na shakka ya aika ya gani. Madugu ya san haka ne, shi ya sa ya koma zagi. Ya rantse Labbo ba zai ƙara taka ƙofar gidan ba, ko gashin akuya ba zai sake askewa a nan ba.

Labbo ya rataya zabirarsa. Ya san hatsin da ke rumbunsa ba zai kai shi kaka ba. Ko kason namansa bai tsaya karɓa ba.

Ya kai bakin zaure ya waiwaya. Yelwa ta ɗaga audugar tana kallon ɗigon nan biyar. A hankali ta kai hannu ƙarƙashin kallabinta, yatsunta suna laluben gefen idonta, suna ƙirgawa. Da ta kai na biyar sai ta sunkuya kan kunnen yaron, ta faɗi wata kalma da ba Hausa ba, ta harshen da ta zo da shi daga kudu.

Duk gidan ba wanda ya gane abin da ta ce. Ta sake faɗa, da ƙarfi.