Allurar Tana Rabi

Tankin motata lita talatin da biyar yake ci, kuma tun ranar da likita ya ce asma ce ke damun Ummi ban yarda ya sauko ƙasa da rabi ba. Ummi 'yata ce, ita kaɗai Allah ya ba ni, shekararta huɗu. Sunan mahaifiyata ta ci, shi ya sa nake kiranta haka. Daga gidanmu zuwa asibitin yara sai an haye gadar sama an zaga ta bayan kasuwa, ƙirjin Ummi kuwa in ya tashi ba ya jiran a bi layin gidan mai.

Motar ƙarama ce, gadon babana, kujerar baya da ƙyar take ɗaukar mutum uku. Ba ta da shan mai, ba ta da rigima. Aibinta ɗaya, allurar mai ta maƙale a tsakiya. Tanki ya cika taf ko ya bushe ƙaf, rabi take nunawa. Bakanike ya ce wani abu ne da ke yawo a cikin tankin ya mutu, sai an sauke tankin gaba ɗaya an kuma sayo sabo daga nesa. Maigidana yana tsaye a wurin, shi ne ma ya ce a bar shi, ai mota tana tafiya.

Sai na nemi dabarata. Duk ƙarshen mako in je gidan mai in ce a cika har bakin famfon ya tsaya da kansa, in danna ƙaramar mitar tafiya ta koma sifili. In ta doshi kilomita ɗari biyu in koma in cika, ko da mako bai ƙare ba. Allurar na daina kallonta, mitar nake kallo. Kullum in ajiye motar tana fuskantar ƙofa, abin shaƙar Ummi guda a jaka, guda a aljihun gaban mota.

Gidan na Inna ne, mahaifiyar maigidana. Ita tana ɓangaren gaba, mu muna baya, Yaya kuma, wan maigidana, yana sama da iyalinsa. Janaretansa a ƙarƙashin matakala yake, daidai tagar ɗakin da muke kwana. Na roƙa a matsar da shi can bakin katanga, Yaya ya ce wayar ba za ta kai ba. Na ce zan sayi ƙarin waya, ya ce matar ƙaninsa ba za ta tsara masa gidan ubansa ba. Ɗinkin labule da zannuwan gado nake yi, don haka na tara ƙyallaye na toshe duk wata kafa ta tagar. Hayaƙi dai ba ya rasa hanya.

Yaya ne ya raɗa wa Ummi suna Usur, saboda ƙarar da ƙirjinta yake yi. In ya sauko ya gan ta a tsakar gida sai ya ce, “Usur, zo ki hura mana, 'yan wasa sun shigo fili.” 'Ya'yansa su fashe da dariya. Da farko ta ɗauka yabo ne. Na taɓa kama ta tana jan numfashi da ƙarfi a gabansa don ƙarar ta fito ya ji daɗi. Da na yi wa maigidana magana ya ce wasa ne tsakanin uba da 'ya, ni ce ban san wasa ba.

Ana nan sai aka shiga wahalar mai. Layi ya miƙe har ya sha kwana. Ni ban fasa ba, da sassafe nake fita, in zauna a mota ina kalmasa bakin labule da hannu har layi ya zo kaina. A nan na fara lura da wani abu. Da, in na zo cikawa, lita goma sha biyar ta ishe ta. Yanzu sai famfo ya wuce ashirin bai tsaya ba. Matar da ke zuba mini mai ta saba da ni, ta leƙo ta taga tana dariya ta ce, “Maman Ummi, ko kin fara ɗaukar fasinja ne ba mu da labari?” Na kai wa bakanike, ya shiga ƙarƙashi ya fito ya ce ko ɗigo ba ta yi. Maigidana ya ce ƙafata ce ta yi nauyi a kan totur, mata haka suke. Warin fetur da nake ji a tsakar gida da safe kuwa na ɗora shi a kan janareta. Na rage lissafina, na koma cikawa tun mitar tana ɗari da hamsin, na ce ai na yi maganin abin.

Ranar da abin ya faru ban daɗe da cika ta ba, mitar ko talatin ba ta kai ba. Babu wuta tun safe. Da la'asar Yaya ya tara abokansa a sama suna kallon ƙwallo, janareta yana ta ruri. Ummi tana zaune kusa da keken ɗinkina tana jera maɓallai, sai ta fara tari. Na ba ta abin shaƙa. Na jira, na sake ba ta. Kafaɗunta suka fara ɗagawa da kowane numfashi, ramin wuyanta yana lotsawa. Na leƙa na ɗaga murya a kashe injin, ihun da suke yi ya danne ni. Na kira maigidana a wurin aiki, bai ɗauka ba. Da na ga leɓɓanta sun fara komawa toka-toka sai na sure ta.

Hankalina a kan mai kwance yake, wannan kam zan iya rantsewa. Abin da nake tsoro cunkoso ne. Na kwantar da kujerar gaba kaɗan, na ɗaure ta, ina tuƙi da hannu ɗaya ɗayan yana kan ƙirjinta. Mun fara hawan gadar sama ke nan motar ta yi wata irin shaƙuwa. Na taka totur, ta ja kaɗan, ta sake yi, ta mutu. Na murɗa makulli, ta yi kuka ba ta tashi ba. Na sake murɗawa. Allurar tana rabi, mitar tana cewa akwai mai, motar tana neman gangarawa baya. Na ja burkin hannu.

Hon ya kaure a bayana. Wani direban bas ya raɓo ta gefena ya ce in ban iya ba in koma kicin, a bar wa masu abin yi hanya. Yaron motarsa ya daki saman motata da tafin hannu. Ba wanda ya leƙa kujerar da ke gefena. Na fito, na goya Ummi da mayafina, na bar motar a nan na kama gudu. Takalmina ɗaya ya fita a kan gadar, na cire ɗayan na yar. A gangare wani mai babur da ke kai saƙonni ya ji ƙarar da ke fita daga bayana, ya tsaya, ya tura akwatinsa gaba ya ce in hau. Har yau ban san fuskarsa ba, hular kwano ce a kansa.

Wata nas ta karɓe ta daga bayana tun a bakin ƙofa. Suka sa mata abin iska a fuska, suka nemi jijiya a hannunta. Da ta ɗan lafa likita ya tambaye ni me ya sa na zauna da yarinya har ta kai haka, ya ce mu iyaye sai mun ga abu ya ɓaci muke tashi. Na ce mota ce ta mutu mini. Bai ɗago daga abin da yake rubutawa ba.

Washegari da hantsi suka zo su uku, Inna da Yaya da maigidana. Maigidana ya ce sun je da bakanike sun janye motar daga gada, ba abin da ya same ta, tanki ne ya bushe. Inna ta zauna a kujerar da na kwana a kai, ta dubi ƙafafuna da suka kumbura, ta ce ita dai ba ta taɓa jin uwar da za ta fita da marar lafiya ba ta duba mai ba. Na ce na cika ta, na faɗi ranar, na faɗi abin da mitar take nunawa.

Yaya yana tsaye a ƙarshen gado yana wasa da yatsun ƙafar Ummi. Shi da kansa ya faɗa, ba wanda ya tambaye shi.

“Ni dai ɗan abin da nake ja da tiyo don inji bai kai ya kawo ba. Kullum sai na kunna na duba. Shekaranjiya ƙananan jarkoki biyu na cika, jiya da safe na ƙara, allurar ko motsi ba ta yi ba, tana nan a rabi. Har na ce ƙananan motocin nan akwai albarka.”

Na tambaye shi a ina ya sami makullin da yake buɗe ta. Ya nuna ƙaninsa da haɓa. Makulli na biyu ne, wanda na ba maigidana ya ajiye saboda ranar da nawa zai ɓata.

Na ce, “Yaya, allurar ta mutu tuntuni. Ƙaninka ya sani, a gabansa aka faɗa.”

Maigidana ya zuba wa ledar ƙarin ruwa ido kamar shi aka sa ya ƙirga ɗigonta. Can ya ce ai ni ce mai mota, ni ya kamata in san abin da ke cikinta.

Inna ta tafa hannu a hankali. Ta ce to ga shi na faɗa da bakina, na san abin awo ya lalace amma na ɗauki jikarta na sa a ciki. Ta ce ko so nake in kira babban ɗanta ɓarawo a gaban mutane, a kan man da aka ƙona a cikin gida kowa ya sha iska? Wayar janaretan nan ba ta taɓa shigowa ɗakinmu ba, hayaƙinsa kaɗai muke samu. Na buɗe baki zan faɗa sai ta ci gaba. Ta ce ta yanke magana: tunda mota ta fi ƙarfina, a ba Yaya makulli, shi ya daɗe yana tuƙi, duk ranar da ciwon ya tashi shi zai kawo mu.

Na ce motar babana ce. Muryata ta ɗaga, ban sani ba. Matar gadon kusa ta juyo. Ummi tana kallonmu ta saman abin iskar, idanunta suna bin duk wanda ya yi magana, na ga kafaɗunta sun fara ɗagawa kamar jiya. Nas ta leƙo ta ce in faɗa za mu yi mu fita, yarinya ba ta son tashin hankali. Maigidana ya sunkuyo kusa da kunnena ya ce kar in tara masa jama'a, in bayar, in ƙura ta lafa zai karɓo mini. Inna ta miƙo hannu ta bar shi a miƙe. Na dubi ƙirjin Ummi. Na ciro makullin daga jaka na ba ta.

Yaya ya karɓa daga hannunta ya jefa sama ya cafe. Ya ja babban yatsan Ummi ya ce, “Usur, kin kusa tashin wasa jiya.”

Bayan an sallame mu, motar ta zama tasa. Da safe yake fita da ita, sai dare ya yi a ji shigowarsa. Lita biyu yake saya a bakin titi, ya ce cika tanki ɗaure kuɗi ne. Sau da yawa 'ya'yansa ne suke turo ta cikin gida. Yana ajiye ta hancinta a jikin bango, abin shaƙar da ke aljihun gaba kuma na tsince shi a kwandon shara. Ranar da likita ya ce mu koma a duba ta na kira shi, ya ce yana can wani gefen gari, in nemi babur. Duk sanda na tuna wa maigidana alkawarinsa sai ya ce ƙura ba ta lafa ba tukuna. Janareta yana nan inda yake.

Wata safiya da Ummi take lafiya ƙalau na ce ta zo in goya ta. Ta ce ai ita ta girma. Na ce wasa za mu yi. Na sa takalmi mai igiya, na ɗaure ta da zane biyu, na duba agogo, muka fita. Ina son in san abin da ƙafata za ta iya in babu mai babur. Ta fi nauyin da na sani, ƙafafunta suna dukan cinyoyina. Kafin mu kai gindin gada zufa ta jiƙe ni har ta jiƙa rigarta, na kuma san cewa in ciwon ne na gaske da tuni lokaci ya ƙure.

Muna tsakiyar hawan na ji ƙarar injin da na sani a bayana. Ummi ta ce, “Mama, ga motarmu.” Yaya ne, da abokinsa a gaba, da kwalaye cike da baya. Ya rage gudu, ya danna hon, ya zuro kai ya ce wai Usur ta hura masa ya wuce. Ummi ta cusa fuskarta a bayana. Suka haye.

Ban juya gida ba. Na gangara, na zaga ta bayan kasuwa, har ƙofar asibiti. Agogon ma ban sake dubawa ba. Maigadin ya gane mu, ya miƙe da sauri zai buɗe ƙofa, na ce lafiya lau, tambaya na zo yi, ko ya san inda ake ba da hayar ɗaki nan kusa. Ya nuna mini wani lungu a jikin katangar asibitin, ya ce akwai wata tsohuwa mai ɗaki ɗaya a gida na uku, sai dai ƙarami ne, mu nawa ne?

Na ce mu biyu ne, sai keken ɗinki.

Ya ce to zai ishe mu, amma in sani gidan babu janareta, in an ɗauke wuta sai haƙuri. Na gyara goyon, na tambaye shi wane launi ne ƙofar.