Duna a Bayan Akori-kura

Da 'yata Najiba ta matsa mini in bar Gwaram in koma wurinta a Birnin Kudu, na ce sai dai da Duna. Duna baƙin kare ne da marigayiya matata Tani ta raina don gadin awakinta. An sayar da awakin lokacin jinyarta. Daga ni sai shi muka rage, kuma ya fi ni haƙuri da mutane.

Mijin Najiba, Malam Ikrima, mai makarantar Islamiyya ne. Ya aiko cewa ya yarda, muddin karen zai zauna a garkar bayan gida. Na nemi abin jin haushi a maganarsa na rasa, wannan ma ya ba ni haushi.

Maikano direba ya zo da akori-kurarsa. Lodin dabba iri ɗaya ya sani, na akuyar kasuwa: ya kayar da Duna, ya haɗa ƙafafunsa da igiya. Duna kuwa ya sha ganin awakin Tani a ɗaure haka, bai taɓa ganin wadda ta dawo ba. Ya tsinke igiyar da haƙori, ya dira, ya shige dawa. Maikano ya ce in bar wa mafarautan Zandam shi. Na san yadda karnukansu ke tsufa. Na ce a sauke kayana.

Duk karatuna ban taɓa cin karo da littafin da ya koyar da ba kare haƙuri ba. Don haka kullum da la'asar, idan Maikano ya ajiye motar a gindin darbejiya, sai in hau bayanta da kwanon tuwona. Ba na kiran Duna. Da farko daga nesa yake kallona, a hankali ya matso gindin taya, ran nan ya hau don ƙashin da na ajiye. 'Yan majalisar hira da ke zama a gindin darbejiyar suka samu abin yi.

"Malam, a sauka lafiya," in ji wani tsohon ɗalibina. "In ka isa Makka ka sa mu a addu'a."

Na ce masa motar nan da ke tsaye ta fi shi nisa tun da ya bar ajina.

Sai muka fara kunna inji ba tafiya, sannan zagaye zuwa tasha, sannan har garin Sara mu dawo. So nake Duna ya ga mota na iya mayar da mai rai gida. Na san da yaudara a ciki, tunda tafiyar gaske ba dawowa.

Ranar tashi Maikano ya buɗe mini gaba. Na hau baya, tsakanin katifa da kwalayen littattafai, Duna ya cusa kai a cinyata. A hanya ya yi mini amai a riga. Haka tsohon hedimasta ya isa gidan suruki, cikin kaya. Najiba ta leƙo, ta rufe fuska.

Duna ya ƙi sauka, sai shinshina iskar garin yake. Malam Ikrima ya shiga gida ya fito da buta da sabuwar tasa, wadda ya shafa wa jan fenti don kada ta gauraya da kwanukan gida. Ya tattare rigarsa, ya zuba ruwa, ya ajiye, ya ja da baya sosai.

"Baba, yaya sunansa? Ban iya kiransu ba."

Na faɗa masa. Ya kira da muryar da yake kiran yara karatu. Duna ya dube ni, ya dira, ya sha.