Kyamarar Bakin Ƙofa

Ni da Dogo muke gadin wani kamfanin sayar da tayoyi. Aikinmu zama a ɗan ɗaki mai fanka ɗaya, muna kallon allon kyamarori. Dogo mutum ne mai taurin kan tsiya. Shekarun baya ya yi wa ’yarsa ta fari faɗa don ta bar makaranta ta kama gyaran gashi, har ya ce kada ta ƙara taka masa gida. Ita kuma jininsa ce, ba ta sake takawa ba.

To amma kullum da safe takan wuce ta gaban kamfaninmu. Da ta ɓullo a allon, sai Dogo ya ajiye kofin shayinsa ya matso da kujera, hancinsa kamar zai taɓa gilashin. Hoton ba shi da murya, fuskar ma dishi-dishi. A haka ya ga ta canja jaka, a haka ya gane ta yi nauyi, tafiyarta ta ragu. Kewarta na cinsa, ni kuwa haushi yake ba ni.

“Ƙofar nan taku nawa ce? Fita mana!” na ce masa wata rana.

“Aiki nake,” in ji shi.

“Aikin banza. Kai da talabijin kuka haife ta?”

Ranar nan manaja ya sa aka juya kyamarar zuwa wurin ajiye motoci. Washegari Dogo ya zauna yana kallon bayan wata akori-kura, shayinsa ya huce bai kurɓa ba. Tausayinsa ya kama ni. Can ya miƙe, ya gyara hula, ya fita. Na bi shi na laɓe a bakin ƙofa, don ni ba na barin labari ya wuce ni.

Sai ga ta tafe, hannu ɗaya a ƙugu. Ta ɗaga kai wajen kyamarar, ta ga ta juya mata baya, sai ta tsaya cak. Sannan idonta ya sauka a kansa.

Da ƙyar Dogo ya ce, “Za ki makara aiki.”

“Kullum sai na makara, Baba,” ta ce. “Ai shagonmu ba ta nan yake ba. Zagayowa nake yi.”